Shari'ar Nuremberg: adalci ce ko huce haushin waɗanda suka ci yaƙi?

Tambaya: Barista, barka da aiki. Ina yawan jin ana yabon shari'ar da aka yi wa manyan gwamnatin Hitila bayan Yaƙin Duniya na Biyu. Ni kuwa gani nake waɗanda suka ci yaƙi ne kawai suka huce haushinsu. Sannan sojan da aka ba umarni ya bi, ina laifinsa? Daga wani mai karatu a Zariya.

Amsa: Malam, rabin zarginka gaskiya ne, kuma da shi zan fara. Ƙasashe huɗu ne suka kafa kotun da ta zauna a birnin Nuremberg na Jamus: Amurka, Birtaniya, Faransa da Tarayyar Sobiyet. Su suka rubuta dokarta a Landan ranar 8 ga Agusta 1945, su suka kawo alƙalai, su suka kawo masu gabatar da ƙara. Wuƙa da nama duk a hannunsu. Babu wanda ya tambayi Birtaniya da Amurka ruwan bama-baman da suka yi wa birnin Dresden, balle Hiroshima. Sobiyet ma ta yi abin da ya fi wannan muni: ta saka kisan Katyn cikin tuhumar da ake yi wa Jamusawa, alhali jami'anta ne suka kashe 'yan Poland wajen 22,000 a 1940. Alƙalan sun ƙi ambaton maganar a hukuncinsu, Sobiyet kuma ba ta amsa laifin ba sai 1990. Laifi tudu ne.

Amma a duba abin da zai faru in da ba a yi shari'ar ba. Churchill, firaministan Birtaniya, da farko so ya yi a kama manyan a harbe su, a wuce wurin. Maimakon haka aka zauna daga 20 ga Nuwamba 1945 zuwa 1 ga Oktoba 1946, kowane mai laifi da lauyansa, ana fassara kowace magana cikin harsuna huɗu. Cikin mutum 22 da aka yi wa shari'a, 12 aka yanke wa kisa, 7 ɗauri, 3 kuma aka sallame su, duk da alƙalin Sobiyet bai yarda da sallamar ba. Mai huce haushi ba ya sakin kowa. Akwai ma Admiral Donitz, shugaban sojan ruwan Jamus, wanda cikin tuhumarsa akwai nutsar da jiragen ruwa ba gargaɗi. Lauyansa ya samo rubutacciyar shaida daga Admiral Nimitz na Amurka cewa su ma sun riƙa nutsar da jiragen Japan ba gargaɗi, sai kotun ta ƙi ɗora hukuncinsa a kan wannan ɓangaren, ya tashi da shekara 10.

Abin da ya fi burge ni a matsayina na lauya shi ne irin hujjar da aka kafa. Robert Jackson, jagoran masu ƙara na Amurka, ya jingina shari'ar kan takardun da Jamusawan suka rubuta da hannunsu, domin shaidar baki ana iya cewa ƙiyayya ce, sa hannunka kuwa ba ka musunsa.

Nan maganar umarni ta shigo. Janar Keitel, shugaban hedikwatar sojan Jamus, kariyarsa ke nan: shi soja ne, abin da Hitila ya ce shi yake yi. Sai aka fito da takardar da ya sa wa hannu a Satumba 1941, wadda ta ce duk sojan Jamus ɗaya da aka kashe a ƙasashen da suka mamaye, a kashe mutum 50 zuwa 100 a madadinsa. Sashe na 8 na dokar kotun ya riga ya toshe wannan ƙofa: umarnin na gaba ba ya wanke mutum, iyakarsa a duba shi wajen sassauta hukunci. Sashe na 7 kuma ya ce muƙami, ko na shugaban ƙasa ne, ba garkuwa ba ne. An rataye Keitel ranar 16 ga Oktoba 1946.

Kar ka ɗauka an ce soja ya riƙa gardama da kwamandansa a kan komai. Aikin soja ba ya tafiya sai da biyayya. Abin da aka hana shi ne bin umarnin da kowane mai hankali ya san ta'asa ne, kamar a ce ka buɗe wuta kan mata da yara. Yarjejeniyar Roma ta 1998, wadda ta haifi kotun duniya da ke Hague, ta fayyace a sashe na 33 cewa umarnin kisan ƙare dangi ko cin zarafin bil'adama haramcinsa a fili yake, ba wanda zai ce bai sani ba. Wanda ya yi karatun addini ba zai ga baƙon abu a nan ba, tunda an san babu biyayya ga abin halitta cikin saɓon Mahalicci.

Tasirin shari'ar Nuremberg ya iso har maƙwabtanmu. Hissene Habre ya mulki Chadi daga 1982 zuwa 1990, ya gudu Senegal ya yi zamansa. A 2001 aka tsinci tarin takardun 'yan sandan sirrinsa, DDS, a tsohon ofishinsu na Injamena, da sunayen waɗanda aka tsare da waɗanda suka mutu a tsare. Da su da shaidar waɗanda suka tsira wata kotu ta musamman, wadda Senegal da Tarayyar Afirka suka kafa a Dakar, ta yanke masa ɗaurin rai da rai ranar 30 ga Mayu 2016. Wannan karon ba waɗanda suka ci yaƙi ne suka kafa kotun ba, alƙalan ma 'yan Afirka ne, waɗanda aka zalunta ne suka yi ta bibiya sama da shekara ashirin. Kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar da hukuncin a 2017, ta ce a biya mutum 7,396 diyyar saifa biliyan 82. Har Habre ya mutu a Dakar a 2021 kuɗin ba su shiga hannunsu ba.