Shin Ana Iya Ɗanɗana Kiɗa?

Tambaya: Malam, ina rubuta labarin wata ƙasa ta almara wadda mutanenta ke jin ɗanɗanon kiɗa a harshensu, bugun ganga mai sauri ya zo musu da yaji, mai jinkiri kuma da zaƙi. Shin wannan yana da tushe? Daga wata mai karatu a Zariya.

Amsa: Yana da tushe, malama. Masana ƙwaƙwalwa suna kiran wannan yanayi sinestisiya, wato abin da kunne ko ido ya karɓa ya tayar da wani ji na daban. A shekarar 2005, masu bincike a Jami'ar Zurich sun bayyana wata makaɗiya da ke jin tsami, ɗaci, gishiri ko zaƙi gwargwadon tazarar amo tsakanin sautuka biyu, ko da yake nata bai danganci saurin bugu ba.

Abin da ya kamata ki riƙe shi ne cewa ga mai wannan yanayi, sauti ɗaya kullum ɗanɗano ɗaya yake kawowa. Ki kafa wannan doka a labarinki, sannan ki bi ta har kasuwa da gidan biki, inda makaɗin da ya kuskure bugu zai ɓata wa baƙi miyarsu, a kai shi ƙara gaban sarki.