Amsoshin Tambayoyinku: Diego Godin, ɗan wasan bayan Uruguay

TAMBAYA: Assalamu alaikum. Ina roƙon a ba ni tarihin Diego Godin, a kuma warware mana wata gardama da muke yi a gidan kallon unguwarmu. Wasu na cewa yana cikin manyan 'yan wasan baya na zamaninsa, ni kuwa na ce mutumin da bai taɓa ɗaukar Kofin Zakarun Turai ba, kuma ba a san shi da gudu ba, bai kai wannan matsayi ba. Daga wani mai karatu a Gusau.

AMSA: Wa alaikumus salam, Malam. Zan faɗa maka tun farko cewa ina tare da abokan gardamarka, amma bari mu bi tarihin daki-daki, domin a cikinsa hujjar take.

An haifi Diego Godin ranar 16 ga Fabrairu, 1986, a Rosario, wani ƙaramin gari a yankin Colonia da ke kudu maso yammacin Uruguay, kuma kada a haɗa shi da babban birnin Rosario na Ajantina inda aka haifi Messi. Yana matashi ya tafi Montevideo, babban birnin ƙasar, ya shiga ƙungiyar matasa ta Defensor Sporting, amma ba a daɗe ba suka sallame shi. Ƙungiyar Cerro ce ta karɓe shi, kuma a can ne aka janye shi daga gaba, inda ya saba bugawa tun yana yaro, aka mayar da shi baya. Ya fara buga wa babbar ƙungiyar Cerro a 2003, ya koma Nacional a 2006, sannan a 2007 Villarreal ta Sifaniya ta saye shi. A kakarsa ta farko a ƙarƙashin koci Manuel Pellegrini ƙungiyar ta gama La Liga a matsayi na biyu, gaba da Barcelona, abin da ba ta taɓa yi ba a tarihinta.

A watan Agustan 2010 ya koma Atletico Madrid, kuma a nan ne sunansa ya kafu, musamman bayan zuwan koci Diego Simeone a Disambar 2011. Tsarin Simeone shi ne 'yan wasa su matse a gaban ragarsu, su toshe tsakiya, su tilasta wa abokan karawa bin gefe suna jefo ƙwallo ta sama. Irin wannan tsari ba ya buƙatar ɗan baya mai tseren mita ɗari; yana buƙatar wanda ya san inda ƙwallo za ta faɗo tun kafin a bugo ta, wanda ba ya zubewa ƙasa sai ya tabbata zai taɓa ta, wanda kuma bakinsa ba ya shiru wajen jera abokansa. Duk wanda ya kalli Godin da kyau zai lura cewa sau da yawa ba a ganin yana gudu ne saboda ya riga ya isa wurin. A kakar 2013/14, shi da Miranda a tsakiya, Juanfran da Filipe Luis a gefe, Courtois a raga, ƙwallo 26 kawai aka zura musu a wasa 38. A kakar 2015/16 kuwa, lokacin da Jan Oblak ya karɓi raga, 18 kacal aka ci su.

Ka ba ni dama in daɗe a kan kwana 38 na shekarar 2014, domin ban san wani ɗan baya da ya taɓa yin irinsu ba. Ranar 17 ga Mayu Atletico ta je Camp Nou wasan ƙarshe na kaka: idan Barcelona ta ci, kofi nata ne, idan aka tashi kunnen doki, na Atletico ne. Kafin a je ko'ina Diego Costa da Arda Turan duk sun ji rauni sun fita, sai kuma Alexis Sanchez na Barcelona ya ɗura wata ƙwallo mai zafi daga gefe. Aka tafi hutun rabin lokaci Atletico na baya. Da aka dawo, a minti na 49, Gabi ya bugo kwana daga dama, Godin ya taso a guje daga baya, ya tashi sama babu wanda ya tashi tare da shi, ya sa mata kai ya buga ta ƙasa, ta yi tsalle ta shige raga. Daga nan har alƙalin wasa ya hura tashi, shi da Miranda suka yi ta kore duk abin da Barcelona ta jefo. Wannan kunnen doki ya ba Atletico La Liga ta farko tun 1996, kuma magoya bayan Barcelona da kansu suka miƙe suna tafa musu.

Mako ɗaya bayan haka, ranar 24 ga Mayu a Lisbon, a wasan ƙarshe na Zakarun Turai da Real Madrid, shi ne dai ya sake cin ƙwallo da ka a minti na 36, lokacin da Casillas ya baro ragarsa ƙwallon ta bi ta kansa. Kofin yana hannunsu har minti na 93, sai Sergio Ramos ya farke, aka shiga ƙarin lokaci ƙafafun 'yan Atletico sun mutu, aka tashi 4-1. Sai kuma ranar 24 ga Yuni a birnin Natal na Barazil, inda Uruguay ke buƙatar doke Italiya kafin ta fita daga rukuni a Kofin Duniya. Mutane sun fi tuna wannan wasa da cizon da Luis Suarez ya yi wa Chiellini, amma jim kaɗan bayan cizon, a minti na 81, Godin ne ya tashi a kan wata kwana, ƙwallo ta bugi bayan kafaɗarsa ta wuce Buffon. Yana sanye da kambun kyaftin a ranar, saboda kyaftin ɗinsu Diego Lugano na jinya.

Gaskiya ne bai ɗauki Kofin Zakarun Turai ba. Ya sake zuwa wasan ƙarshe a Milan a 2016, Real Madrid ta sake doke su, a wannan karon a bugun fenariti. Sai dai abin da ya hana shi kofin minti biyu ne a Lisbon da fenariti ɗaya da ya bugi turke a Milan, kuma ni ba zan auna shekara tara na aikin mutum da wannan ba. A Atletico ya ɗauki La Liga ɗaya, Copa del Rey ɗaya a 2013, Europa League biyu a 2012 da 2018, da UEFA Super Cup uku, a zamanin da Messi da Ronaldo ke kan ganiyarsu kuma kuɗin Atletico bai kama ƙafar na maƙwabtanta ba. Akwai wani wasa da nake yawan tunawa, a Nuwambar 2018 da Athletic Bilbao: ya ji rauni a cinya, an gama canji, maimakon ya fita sai aka tura shi gaba yana ɗingishi, kuma shi ne ya ci ƙwallon da ta ba su nasara 3-2 a mintunan da aka ƙara.

TAMBAYA: Shin Godin yana cikin waɗanda suka fitar da Ghana a Kofin Duniya na 2010? Har yau abin yana mana ciwo. Daga wani mai karatu a Zongon Kumasi.

AMSA: Ba ku kaɗai ba, Malam, Afirka duka ta kwana da baƙin ciki a daren 2 ga Yuli, 2010. Godin yana cikin tawagar da ta je Afirka ta Kudu, amma bai buga wannan wasa na Johannesburg ba, domin ya ji rauni a wasan da suka doke Koriya ta Kudu. Mauricio Victorino ne ya tsaya a gurbinsa, shi ma Lugano ya fita da rauni tun kafin hutun rabin lokaci. Sulley Muntari ya fara ci daga nesa, Diego Forlan ya farke da bugun tazara, Suarez ya tare ƙwallon Dominic Adiyiah da hannu a kan layi, Asamoah Gyan ya buga fenariti ta daki sandar sama, sannan Uruguay ta yi nasara 4-2 a bugun fenariti. Godin ya dawo a wasan kusa da na ƙarshe, inda Holan ta doke su 3-2.

Da Uruguay da Ghana suka sake haɗuwa a Kofin Duniya na Qatar ranar 2 ga Disamba, 2022, Uruguay ta ci 2-0 amma duk suka koma gida tare, saboda Koriya ta Kudu ta doke Fotugal. Godin na cikin waɗanda suka yi wa alƙalin wasa ca bayan an tashi, kuma FIFA ta dakatar da shi wasa ɗaya. Wannan bai yi mini daɗi ba, domin kyaftin shi ne ya kamata ya janye yara daga irin wannan wuri.

TAMBAYA: Na ji ana kiransa Fir'auna. Zagi ne ko yabo? Kuma ya taɓa karawa da Najeriya? Daga wata mai karatu a Maraɗi.

AMSA: Malama, yabo ne a wurinsu. Laƙabin El Faraon a harshen Sifaniyanci yana nuni ne da sarauta da kwarjini, ba da zalunci da girman kan da kunnen Bahaushe ke ji idan an ambaci sunan ba. Game da Najeriya kuwa, Uruguay ta haɗu da Super Eagles ta Stephen Keshi ranar 20 ga Yuni, 2013 a birnin Salvador, a gasar Kofin Zakarun Nahiyoyi, Godin da Lugano suna tsaron baya. Lugano ya fara ci, John Mikel Obi ya farke, Forlan ya ci ta biyu a wasansa na 100 da ƙasarsa, aka tashi 2-1.

TAMBAYA: Wasa nawa ya buga wa ƙasarsa, kuma ina ya ƙare bayan barin Atletico? Daga wani mai karatu a Zariya.

AMSA: Ya fara buga wa Uruguay a Oktoban 2005 a wasan sada zumunci da Meziko, ya kuma tsaya a wasa 161, adadin da ya zarce na kowane ɗan ƙasar a lokacin da ya bari, tun a Maris ɗin 2019 ya wuce Maxi Pereira. Ya je Kofin Duniya huɗu, kuma mafi yawan wannan tafiya a ƙarƙashin Oscar Tabarez ya yi ta, tsohon malamin makarantar da ya riƙe tawagar daga 2006 zuwa 2021. Yana cikin waɗanda suka ɗauki Copa America a 2011 a Ajantina, kodayake mintuna kaɗan kawai ya buga a wasan ƙarshe da Paraguay. A ganina gasarsa mafi kyau ita ce ta Rasha a 2018, inda shi da abokin aikinsa na Atletico, Jose Maria Gimenez, suka fita daga rukuni ba a zura musu ko ɗaya ba a karawa da Masar da Saudiyya da Rasha (kodayake Gimenez bai buga wasan Rasha ba), suka fitar da Fotugal ta Ronaldo, kafin Faransa ta tsayar da su da 2-0. Antoine Griezmann ya ci ta biyu a ranar amma bai yi murna ba, saboda amincin da ke tsakaninsa da 'yan Uruguay, musamman Godin.

A 2019 kwantiraginsa da Atletico ya ƙare ya tafi Inter Milan kyauta. A can koci Antonio Conte yana jera 'yan baya uku, wanda ke gefe kuma dole ya riƙa fita fili yana bin masu gudu, aikin da bai dace da mai shekara 33 da ya saba da tsakiya ba. Duk da haka ya ci ƙwallo da ka a wasan ƙarshe na Europa League a watan Agustan 2020 a Jamus, wanda Sevilla ta ci 3-2. Daga nan ya koma Cagliari, ƙungiyar da surukinsa Jose Herrera ya taɓa buga wa, sai Atletico Mineiro ta Barazil a farkon 2022, sai Velez Sarsfield ta Ajantina a tsakiyar shekarar. A can ne ya sanar da yin ritaya a ƙarshen Yulin 2023, yana da shekara 37.