Kafin ka danna rikoda

Ɗana, na ga tambayarka, wai matar da kai hira da ita jiya sai murza yatsunta take, duk abin da ka tambaya daga eh sai a'a, minti 10 hira ta mutu. Toh ni ma bari in tambaye ka, yaushe ka kunna rikoda? Don na san halinku, ana zama ku dangwarar da waya a tebur ku zaro takarda mai tambaya 30 kamar ɗan sanda zai ɗau sitatimen.

Mai jin tsoro gani yake jarrabawa ce zai iya faɗuwa, kuma bai san inda maganarsa za ta je ba. Sai ka fara da nan, ka gaya mata wa zai saurari muryar, sunanta ba zai fito ba, tambayar da ba ta so ta tsallake, in ta ce a tsaya an tsaya. Ba mu muka ƙirƙiro wannan ba, neman yardar mutum na cikin sanarwar Helsinki, wato ƙa'idojin yin bincike a kan mutane da likitoci suka fitar a 1964, amma kar ka karanto mata shi kamar lauya, faɗa da bakinka. Kar ka zauna kuna fuskantar juna tsaf, ɗan karkace. Tambayar farko ta zama wadda ba a faɗuwa, kamar "ya kika fara aikin nan?"

Amma babban aikin shiru ne. In tai shiru ƙirga biyar a zuciyarka kafin ka buɗe baki, wallahi zai maka tsawo kamar shekara, daure. Ina sabon hannu na taɓa hira da wani dattijo, in ya fara lalubo kalma sai in ƙarasa masa don tausayi shi kuma ya ce "haka ne, haka ne", da na zauna rubuta hirar sai na tarar kusan duk maganata ce a ciki, nasa "haka ne" kawai. Kunya ta ishe ni ranar.

Kuma in ka kashe rikoda kar ka yi saurin tattara jaka, sau da yawa lokacin ne za ta ce "af, akwai wani abu ma". Saurara, in ta gama ka tambaye ta ko ta yarda ka sa shi a aikin. In ta ce a'a, ya mutu a nan.