Wane ne tsohon nan mai dusasshiyar murya?

Malam, tsohon da kake tambaya a tsofaffin finafinan Sifaniya, mai muryar nan a dushe, José Isbert ne, ana ce masa Pepe. An haife shi a Madrid a 1886, ya rasu a 1966. Ya daɗe yana wasan dandamali, sai da furfura ta fito sunansa ya ɗaukaka a fim. A Bienvenido, Mister Marshall (1953) shi ne magajin garin da ba ya ji sosai. Amma ni a wurina, El verdugo (1963) ne gwanintarsa: hauni ne mai shirin ritaya, yana lallaɓa surukinsa ya gaji sana'ar don kada su rasa gidan zama da gwamnati ke ba ma'aikatanta. Darakta ɗan Sifaniya Luis García Berlanga ne ya ba da umarnin duka biyun.