Amsa: Zan iya kiwon Italian Greyhound a ƙaramin gida?

Ɗan'uwa, ka ce kana zaune a gida mai ɗaki biyu a Ingila, kana tambaya ko ɗan kwikwiyon Italian Greyhound zai zauna maka. Zai zauna ƙwarai. Ƙaramin nau'in kare ne, ko ya girma yawanci bai fi kilo 5 ba, tsayinsa a kafaɗa santimita 32 zuwa 38, kuma yawancin wuni a dunƙule cikin bargo yake yinsa.

Amma kada ƙanƙantarsa ta ruɗe ka. Halinsa na farauta irin na karnukan Azawak ne na Nijar da Mali: da ido suke bin nama. Ya hango kurege, ya tafi ke nan, ko ka yi ta kira har maƙogwaro ya bushe. Kada ka sake shi sai a fili mai shinge.

Babbar matsalar ƙafafun gaba ce. Ƙasusuwan sirara ne kamar tsinken tsire, shi kuma kwikwiyon bai san tsoro ba. Ya dira daga kan kujera, sai karaya. Kafin ya shekara, hana shi tsalle daga sama, yara ma kada su ɗauke shi suna tsaye. In ya ɗage ƙafa yana kuka, maza likitan dabbobi, ban da ɗorin gida.

Sanyi ba ya jurewa, riga dole ce a hunturu. Ranar ruwa yakan ƙi fita waje, ya yi fitsari a ɗaki, sai ka yi haƙuri da horo. Haƙoransa suna saurin lalacewa, riƙa goge masa kullum da man haƙori na karnuka, namu yana cutar da shi.