Hukuncin kallon fim ɗin soyayyar 'yan makaranta na Filifin, da abotar da ta rikiɗe ta koma so

Tambaya:

Assalamu alaikum, Allah ya gafarta Malam. Ni ɗaliba ce a aji biyu na jami'a, shekaruna 19. Kwanakin baya ƙawata ta tura mini wani fim na ƙasar Filifin a waya, na soyayya da ban dariya. Labarin yaro da yarinya ne 'yan sakandare, maƙwabta tun suna ƙanana, tare suke zuwa makaranta, kowa ya san sirrin kowa. Shi yana taya ta neman wani saurayi, ita tana yi masa tsiya a kan 'yan matansa, har daga ƙarshe suka gane ashe juna suke so. Babu tsiraici a ciki, sai riƙe hannu da runguma da sumba ɗaya a ƙarshe, da waƙoƙi. Na kalle shi sau huɗu. Yayana ya gani ya ce haramun ne, fim ɗin kafirai ne. Gaskiya kuma, Malam, ina da wani ɗan ajinmu da muke abota tun shekarar farko, besti muke ce wa juna, muna karatu tare, muna hira a WhatsApp har dare. Tun da na kalli fim ɗin nan na kasa kallonsa kamar da. Shin kallon haramun ne? Kuma abin da nake ji a zuciyata zunubi ne?

Amsa:

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa da alayensa da sahabbansa.

'Yata, tambaya biyu kika yi, kin sa ƙaramar a gaba, babbar kuma kin ɓoye ta a bayanta. Zan bi su yadda kika jero, amma ki sani ta biyun ce ta fi damuna.

Bari in fara da maganar yayanki. Kishinsa abin yabo ne, Allah ya saka masa, sai dai dalilin da ya kawo bai tsaya da ƙafarsa ba. Abu ba ya haramta don kawai wanda ba Musulmi ba ne ya yi shi. Da haka ne, da wayar da kika kalli fim ɗin a kanta ita ce farkon haramtacciya. Ana duba abin da ke cikin aiki ne da abin da yake haifarwa. Fim ɗin da Musulmi ya shirya a Kano ko Alƙahira, in yana ɗauke da irin waɗannan abubuwa, hukuncinsu ɗaya. Kuma don ƙarin ilimi, ƙasar Filifin ba ta rasa Musulmi ba. Ƙidayar 2020 ta nuna kusan kashi 79 cikin ɗari mabiya ɗariƙar Katolika ne, gadon mulkin Sifaniya na fiye da shekara ɗari uku, Musulmi kuwa sun haura kashi shida, kusan mutum miliyan bakwai, akasarinsu a kudanci, Mindanao da tsibiran Sulu. Musulunci ya riga Turawa isa can, tun ƙarni na 14. Dokar 1977 ta amince musu da yin aure da saki da rabon gado bisa shari'a, a 2019 kuma aka kafa musu yankin Bangsamoro mai cin gashin kansa. Saboda haka a gyara lafazi.

Malaman usulu, wato tushen fiƙihu, suna cewa ba a yanke wa abu hukunci sai an fahimci yadda yake. To mu fahimci wannan nau'in fim. A masana'antar fina-finan Filifin akwai wata dabara da ta daɗe: kamfani zai ɗauko matashi da matashiya ya haɗa su, ya riƙa saka su tare fim bayan fim, talla bayan talla, har a curo musu suna ɗaya daga sunayensu biyu. Masu kallo su shiga zaƙuwa, shin soyayyar nan ta fim ce ko ta gaske? Wannan zaƙuwar ita ce jarin. Lokacin da Kathryn Bernardo da Daniel Padilla, shahararrun irin wannan haɗi, suka sanar da rabuwarsu a ƙarshen Nuwamban 2023 bayan shekara 11, labarin ya mamaye kafofin ƙasar kamar an yi babban rashi. Ban kawo sunansu don gulma ba, na kawo ne don ki ga girman kasuwar. Har kalma gare su ta musamman, kilig, wato wannan zirrr da tsikar jiki ke yi da murmushin da mutum ya kasa riƙewa idan ya ga masoya sun haɗa ido. Ta shahara har ƙamus ɗin Oxford ya shigar da ita a 2016. Wannan shi ne hajar da ake sayarwa. Misali, yarinyar ta yi gyangyaɗi a cikin motar haya irin tasu mai ado, jifni, kanta ya sauka a kafaɗar yaron, shi kuma ya ƙi motsi don kada ta farka, kiɗa ya taso a hankali. Ba da gangan ya faru ba a labarin, amma da gangan aka tsara shi don zuciyarki. Kin kalla sau huɗu, ai kin ga aikin ya yi.

Yanzu hukunci. Labari a kan kansa, ko na so ne, ba haramun ba ne, kuma nishaɗi halal ne a asali. Bukhari da Muslim sun ruwaito Nana A'isha tana kallon Habashawa suna wasa da mashi a masallaci, Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, yana kāre ta da mayafinsa har ta gaji don kanta. Amma abubuwan da kika lissafa da bakinki, runguma da sumba tsakanin waɗanda ba ma'aurata ba, haramun ne a aikata su, haramun ne kuma a zauna a zuba musu ido da gangan. Allah ya umarci muminai maza da runtse ido a Suratun Nur aya ta 30, ya bi da mata a aya ta 31, bai ware hoton da ke cikin waya ba. A hadisin Abu Huraira da ke Bukhari da Muslim, zinar ido ita ce kallo, zuciya kuma tana sha'awa tana buri. Batun kiɗa akwai saɓani sananne, mafi yawan malamai sun hana, wasu kamar Ibn Hazm sun sassauta, ba zan rataya amsata a kansa ba domin ko babu shi maganar ta tsaya.

Za ki iya cewa, to in tsallake wuraren mana. Da labarin yaƙi ne ko na tarihi da aka cusa wa wani wuri mara kyau, da na ce tsallakewa tana amfani. Amma fim ɗin da aka gina shi tun daga farko don ya kai ki ga wannan sumbar, tsallake minti ɗaya na ƙarshe bai raba ki da sa'a biyun da suka yi miki shimfiɗa ba. A mazhabarmu ta Malikiyya akwai ƙa'idar toshe kafa, saddu zari'a: abin da asalinsa halal ne, in ya zama hanya mai rinjaye zuwa ga haram, sai a rufe shi. Mutane kuwa sun bambanta. Wata za ta kalla ta yi dariya ta manta, a haƙƙinta mafi ƙarancinsa abin ƙi ne da ɓarnar lokaci, ban da wuraren da na ce haramun ne ga kowa. Ke kuwa kin ba da shaida a kan kanki cewa ya sauya yadda kike kallon wani namiji da kike tare da shi kullum. A haƙƙinki bai halatta ki sake kallonsa ba. Ki goge shi. Abin da ya wuce ki yi istigfari, kada ki bar waswasi ya mayar miki da shi wani dutse a ƙirji.

Sai babbar tambayar. Abin da kike ji ba zunubi ba ne. Ki ji wannan da kyau, don na san 'yan mata da yawa masu tsoron Allah da suke azabtar da kansu a kan abin da Allah bai kama su da shi ba. Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce Allah ya yafe wa al'ummarsa abin da zukatansu suka raya, muddin ba su aikata ko sun furta ba. Ibn Hazm na Andalus ya faɗa a littafinsa na so cewa addini bai yi inkarinsa ba, shari'a ba ta hana shi ba, domin zukata a hannun Allah suke. Ga ƙissar Mugisu da Barira a Bukhari: matarsa ce, baiwa, ta rabu da shi bayan an 'yanta ta, yana bin ta a titunan Madina yana kuka, hawaye na gangarowa a gemunsa. Annabi bai tsawata masa ba. Cewa ya yi da baffansa Abbas, ba ka mamakin son da Mugisu yake wa Barira da ƙin da take masa? Har ya nema masa alfarma a wurinta. Ta tambaya, umarni ne, ya Manzon Allah? Ya ce a'a, ceto ne kawai. Ta ce ba ni da buƙatarsa, aka bar ta da zaɓinta.

Inda matsalar take shi ne wannan sunan da kuka laƙaba wa abin, besti. Ita wannan kalmar tana ba mutum biyu damar cin moriyar soyayya ba tare da ɗaukar nauyinta ba. Saurayi na gaskiya an san shi a gida, yana da ranar zance, ana iya ce masa ya turo magabatansa ko ya ba wani wuri. Besti fa? Ba wanda zai tambaye shi komai, shi kuwa yana da lambarki, yana da darenki. Ƙarfe ɗaya saura, kina cikin bargo, hasken waya a fuskarki, sai ga saƙo: kin yi barci? Wannan ba karatu ba ne, 'yata, ke ma kin sani. Annabi ya ce namiji ba zai kaɗaita da mace ba face Shaiɗan ne na ukunsu, Tirmizi ya ruwaito, Risala ma da muka karanta tun muna yara ta kawo hanin ƙarara. Hirar waya ba ita ce kaɗaicewar da ake nufi a fiƙihu kai tsaye ba, tunda ba ku ɗaki ɗaya, amma tana yin aikinta: zance ne da ba ku so na uku ya gani. Gwaji mai sauƙi, za ki iya miƙa wa mahaifinki wayar ya karanta hirarku ta mako guda?

Akwai kalmar da take ba ni mamaki a Alƙur'ani. A Suratun Nisa'i aya ta 25 da Ma'ida aya ta 5, Allah ya hana mata da maza riƙon akhdan. Malaman tafsiri sun ce masoyan ɓoye ne da ake alfasha da su a asirce. Ban ce kun kai can ba, Allah ya tsare, kuma ba na zarginki. Amma asalin kalmar a Larabci aboki take nufi. Da sunan abota abin yake farawa tun zamanin jahiliyya, ba Filifinawa suka ƙirƙiro shi ba. Shi ya sa a Suratul Isra'i aya ta 32 aka ce kada ku kusanci zina, ba a tsaya ga kada ku yi ba.

Ko mun ajiye batun zunubi gefe, akwai asarar da fim ba ya nunawa. A fim dole su gane juna a ƙarshe, don mai kuɗin fim ya biya a yi hakan. Wata ta taɓa zuwa wurina da mahaifiyarta, ta yi shekara uku tana irin wannan abota, ta kori masu nema biyu ba tare da ta iya faɗin dalili ba. Ran nan abokin ya kawo mata katin ɗaurin aurensa da murnarsa, har yana roƙon ta raka ƙannensa kasuwa zaɓen kayan lefe, tunda ita ta san abin da mata ke so. Bai yaudare ta ba, don bai taɓa yi mata alkawari ba. Ba ta da ma bakin yin ƙorafi.

To me za ki yi? Mu'amalar karatu tsakanin ɗalibi da ɗaliba, a bainar jama'a, gwargwadon buƙata, da magana ta kamun kai, wannan babu laifi. Hirar dare, zaman ku biyu a lungun aji, da ba shi labarin damuwarki, waɗannan ki yanke su daga yau. In ya tambayi dalili ki ce addininki ne, ya ishe shi amsa. Sannan ki duba shi da idon basira, ba da idon fim ba: sallarsa, gaskiyarsa, yadda yake da iyayensa, da ko yana da halin aure nan kusa. In kin ga ya cancanta, Ibn Majah ya ruwaito daga Ibn Abbas cewa ba a ga abin da ya dace da masoya biyu kamar aure ba. Ba aibi ba ne mace ta nuna buƙata ta hanyar mutunci, Nana Khadija ma aike ta yi. Ki faɗa wa mahaifiyarki ko yayarki mai aure, su san yadda za a ji ta bakinsa. Shi kansa yayan naki, tunda mai kishi ne, zai iya wannan aikin.

Su ma Filifinawan suna da wannan a al'adarsu, fim ne kawai yakan tsaya kafin a kai wurin. Suna kiransa pamamanhikan: saurayi ya ɗauko iyayensa, su zo gidan yarinya da abinci, a zauna a nemi aurenta a gaban manya. Kusan abin da muke cewa gaisuwar iyaye ke nan. In ɗan ajin naku da gaske yake, ya zo ta ƙofar gida a san shi, zance ya koma falo ko zaure inda ƙannenki ke kai da komo. In ya ce ai shi abota kawai ya sani, ko ya ce a jira sai bayan shekara biyar ba tare da an sanar da kowa ba, ki janye gaba ɗaya. Zai yi zafi na ɗan lokaci. Ki yi sallar istihara kafin ki yi wa mahaifiyarki maganar, ki kuma ajiye wayar a wajen ɗakin kwana daga bayan isha'i har ki saba.

Wallahu a'alamu.