Shin AI (ƙirƙirarriyar basirar kwamfuta) tana gane abin da ke zuciyar mai waƙa ko mai zane?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Na tura wa ChatGPT, shirin AI ɗin nan da ake hira da shi, wata waƙar ta'aziyya da na rubuta wa mahaifiyata, sai ya ce cike take da kewa da dangana, kuma bai yi kuskure ba. Shin na'urar nan tana jin abin da muke ji ne? Daga wata ɗaliba a Zariya.

Amsa: Wa alaikumus salam 'yar'uwa, Allah ya jiƙan Mama. Babu wata hujja da ta nuna na'urar tana ji. Abin da ta ƙware a kai shi ne hasashen abin da mutane za su ce sun ji.

Ga yadda ake koya mata. A 2021 wasu masana na Jami'ar Stanford a Amurka sun haɗa wani rumbun bayanai mai suna ArtEmis: zane-zane kusan 80,000, aka sa mutane su kalla, kowa ya faɗi abin da ya ji da dalilinsa, har aka tara bayanai fiye da 400,000. Daga irin wannan ne kwamfuta take lura cewa duhun launi da sunkuyar da kai sukan zo tare da baƙin ciki. Waƙarki ma haka ne. Ta ga kalmomi irin su kabari, maraici da haƙuri, ta kuma sha ganin inda suke fitowa.

Inda take tuntuɓe shi ne inda ma'ana ba ta cikin kalmomin. Ɗauki zambo. Mawaƙi ya kira wani "mai kyauta, ƙofarka ba ta rufuwa", alhali duk garin an san ko ruwan sha ba ya bayarwa. Jama'a su kwashe da dariya, mutumin ya sha kunu, ita kuwa na'ura ta ce yabo ne, domin ba ta san shi ba, ba ta kuma ji yadda aka ja muryar ba. Ga shi rubutun Hausa da aka koya mata bai taka kara ya karya ba idan aka kwatanta da na Turanci, don haka habaici ya fi saurin wuce ta.

Ko masu harkar ba su gama yarda da ita ba. Kamfanin Microsoft ya janye manhajarsa ta karanta yanayin zuciya daga fuska a 2022, Tarayyar Turai kuma ta hana amfani da irin wannan fasaha a makarantu da wuraren aiki tun Fabrairun 2025.

Kina iya tambayarta ko baitukanki sun fito da abin da kike nufi. Amma in akwai baitin da sai wanda ya san Mama zai gane, 'yan gidanku za ki karanta wa.